Amsa: a sa tsohuwar ta tsallake yaron?

Yar'uwa, kin ce ɗanki na zazzaɓi da fizge-fizge, yana kiran sunan tsohuwar maƙwabciyarku, mutanen unguwa kuma sun ce mayya ce, a sa ta tsallake shi ta sako masa kurwa. A'a, kada ki yarda. Ki kai shi asibitin garin Sinnar, nan Sudan, yau ɗin nan a gwada jininsa. Damina muke ciki, sauro ya cika bakin kogi, kuma zazzaɓin cizon sauro idan ya hau kai yakan sa yaro sambatu, ya kira duk sunan da ya saba ji.

Na ga irin wannan a ƙauyenmu kusa da Maiwurno. An tara jama'a aka sa wata baiwar Allah ta tsallake yarinya, daga baya allura ce ta tashe ta. Amma tsohuwar fa? Ba mai sayen ƙosanta, jikokinta mata sun rasa manema, gidajen biyu har yau ba sa gaisawa. In dangin mijinki sun matsa, ki sa mijin naki ya sami liman da umda, wato mai gari, a keɓe kafin magana ta kai kasuwa.