Hayaƙin Gobarar Daji: Ƙyalle a Hanci Ya Isa?

Tambaya: Na ga masu kashe gobarar daji a Amurka suna aiki cikin hayaƙi, ƙyalle kawai a hanci. Ina tukunyar iskar da 'yan kwana-kwana ke goyawa? (Mai karatu daga Zariya)

Amsa: Malam, tukunyar nan takan ƙare cikin minti 30 zuwa 45, ga nauyi, su kuwa sukan yi awa 16 suna hawan duwatsu da gatari. Shi ƙyallen, toka kawai yake tarewa. Ƙananan ƙwayoyin hayaƙi, PM2.5, ratsa shi suke yi har cikin huhu, ko an jiƙa shi. Takunkumin N95 yana tare su idan ya manne da fuska, amma iskar kabon monoksaid, mai guba da ke cikin hayaƙi, wucewa take. Ba ta da wari, sai dai mutum ya ji jiri da ciwon kai.

Abin da ya fi tayar da hankali shi ne bayan harshen wuta ya kwanta, ana tonon kututture mai ci a ƙarƙashi, hanci dab da hayaƙi. Shi ya sa ake sauya ma'aikata akai-akai, a tsayar da su ta inda iska ke tasowa, a kafa sansanin kwana nesa da kwari, don nan hayaƙi ke taruwa da dare.

A 2022 IARC, hukumar binciken cutar kansa ta Hukumar Lafiya ta Duniya, ta sanya aikin kashe gobara cikin abubuwan da ke haddasa cutar kansa.