Abin da ya sa Seven Samurai ya ci kusan shekara guda ana ɗaukarsa

Malam, ka tambayi dalilin da ya sa fim ɗin Japan na 1954 mai suna Seven Samurai ya ɗauki kusan shekara ana aikinsa, alhali yawancin labarin a ƙauye ɗaya yake, ƙauyen da ya nemo mayaƙa su kare shi daga 'yan fashi. Na kalle shi sau biyar, kuma da yake na daɗe ina riƙe kyamara a wuraren ɗaukar fim, idona ya fi zuwa kan wahalar da ke bayan hoton.

Tun kafin a fara ɗauka, darakta Akira Kurosawa da abokan rubutunsa, Shinobu Hashimoto da Hideo Oguni, suka killace kansu a wani masauki a garin Atami kimanin mako shida suna rubuta labarin. Kurosawa ya tsara wa mutanen ƙauyen su 101 dangantaka a gidaje 23, domin kowane ɗan wasa, ko da ba zai ce uffan ba, ya san wane ne ɗan'uwansa idan aka ruga da gudu. Sannan ya sa aka gina ƙauyen a yankin Izu.

Kwana 148 aka yi ana ɗauka, a warwatse cikin kusan shekara guda, kuɗi suka zarce abin da aka ware, har kamfanin Toho mai ɗaukar nauyin fim ɗin ya dakatar da aikin sau biyu. Kurosawa kuwa sai ya tafi kamun kifi, don ya san sun riga sun zuba dukiyar da ba za su iya watsar da ita ba.

Inda na fi jinjina masa shi ne yaƙin ƙarshe cikin ruwan sama. Jinkirin ya sa aka ɗauke shi a watan Fabrairu, cikin tsananin sanyi, ga ɗan wasa Toshiro Mifune ƙafafu a waje yana faɗi yana tashi a taɓo. Na taɓa aikin da aka yi mana ruwan sama da motar tanka, kuma na ga yadda ƙasa ke canza kama da zarar an tattake ta, ta yadda ba a iya maimaita abin da ya wuce. Shi ya sa Kurosawa ya girka kyamarori da dama lokaci guda, masu zuƙo hoto daga nesa, har kofaton doki ya zama kamar zai watsa maka laka a fuska.

Idan ka san Sholay na 1975, za ka gane tushen labarin ƙauyen da ya nemo mayaƙa su kare shi daga 'yan fashi. Amma ka nemi cikakken Seven Samurai, mai minti 207, domin akwai waɗanda aka datse.