Na karanta littafin wani Bature kan asalin fiƙihu, shakka ta shige ni

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne a ajin ƙarshe na jami'a, sashen nazarin addinin Musulunci. An ba mu littafin wani Bature, Joseph Schacht, mu karanta saboda jarrabawa. Cewa yake hadisan hukunci a ƙarni na biyu bayan Hijira aka ƙirƙire su, aka jingina wa Annabi (SAW). Tun da na karanta hankalina bai kwanta ba, har na daina zuwa karatun Muwaɗɗa ta Imamu Malik da muke yi a zaure bayan Magariba. Na kuma ɗauki hoton wasu shafuka na tura wa 'yan Islamiyyarmu a WhatsApp ko wani zai ba ni amsa, ba wanda ya tanka. Na yi laifi da na karanta? Kuma mene ne hukuncin malamin da ya ba mu littafin?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗana, Allah Ya sanyaya maka zuciya. Damuwar nan da ta hana ka sukuni alamar imani ce, kada Shaiɗan ya raya maka cewa ka fita daga addini.

Karatun kansa ba laifi ba ne ga ɗalibin wannan fanni, domin ba a mayar da martani ga maganar da ba a sani ba. Cewa kuma fiƙihu ya bi matakai kafin ya kai yadda muka same shi, babu malamin da ya musa. Imamu Shafi'i kansa yana da tsohuwar magana a Iraƙi da sabuwa a Masar. Abin da ya tsayar da ni a wasiƙarka abu biyu ne da ka ambata kamar a wuce: ka bar zaure, kuma ka tura shafukan ga yara. Na biyun bai halatta ba. Ka ajiye shubuha tsirara a gaban waɗanda ba su san mursali (hadisin da tabi'i ya jingina wa Annabi kai tsaye) ba balle mu'allali (mai ɓoyayyar illa), shirunsu kuma ba ya nufin ba ta shige su ba. Ka goge saƙon yau, ka nemi gafarar Allah, sannan ka tura musu amsar idan ka fahimce ta.

Yanzu ga mutumin naka. Bajamushe ne, littattafan Larabci suna kiransa Shakht, littafin ya fito a 1950, a shekarar ma ya zo Arewacin Najeriya yana duba yadda ake shari'a a kotunan alƙalai. Ya san Larabci, ya karanta Shafi'i da kyau, ba zan tauye masa wannan ba. Amma ginin nasa a kan zato ya tsaya. Babbar ƙa'idarsa ita ce, idan malami ya tattauna mas'ala bai kawo wani hadisi ba, to hadisin bai wanzu ba a lokacin. Duk wanda ya zauna gaban malamai ya san ba haka ake ba. Sau nawa ake ba ka hukunci a taƙaice ba a ja maka dalili, saboda kowa a wajen ya san shi?

Har silsilar maruwaita ta Malik daga Nafi'u daga Ibnu Umar ya soka, wai shekarun Malik ba su kai ya ɗauki ilimi wurin Nafi'u ba. To lissafa da kanka. Nafi'u ya rasu a shekara ta 117 bayan Hijira, an haifi Malik a 93 bisa mafi shaharar magana. Saurayi ɗan shekara 24, gari ɗaya, masallaci ɗaya.

Ga abin da na fi so ka duba da idonka, yana nan cikin littafin da ka ajiye. Buɗe Kitabul Buyu'i a Muwaɗɗa. Malik ya ruwaito ta wannan silsila ɗin cewa mai saye da mai sayarwa suna da zaɓi matuƙar ba su rabu ba, sannan nan take ya ce wannan ba shi da sananniyar iyaka a wurinsu, ba kuma a kansa aiki yake ba a Madina. Malamai sun yi ta kai ruwa rana da shi a kan haka. Mutumin da ke ƙera isnadi, wato silsilar maruwaita, don ya kare ra'ayin garinsu, me zai sa ya rubuta hujjar abokan jayayyarsa da mafi tsadar silsilarsa? Amana ce ta sa shi.

Batun cewa ana ɗaukar maganar sahabi ko tabi'i a mayar da ita ta Annabi kuwa, ya faru ga wasu maruwaita, kuma malamanmu ne suka fara kama su. Ibnu Abi Hatim da Daraƙuɗni sun cika mujalladai na Ilal, wato littattafan ɓoyayyun illolin hadisi, suna cewa wane ya ɗaukaka wannan zuwa ga Annabi, daidai shi ne mauƙufi, wato maganar sahabi ce. Shakht ya ɗauki cutar da suka gano a ɗaiɗaikun ruwayoyi ya shafa wa hadisi baki ɗaya. Shaikh Muhammad Musɗafa Al-A'azami ya bi misalansa ɗaya bayan ɗaya a littafi na musamman a 1985. Ko cikin Turawan, Harald Motzki ya tsefe Musannaf, littafin ruwayoyi na Abdurrazzaƙ, ya ga Ibnu Juraij yana ruwaya daga Aɗa'u na Makka yana faɗin inda ya yi kokwanto da inda ya saɓa wa malaminsa, ya ce maƙirƙiri ba ya haka.

Malaminku kuma, ka kame bakinka daga gare shi. Sanya littafi a manhaja ba yarda da abin da ke ciki ba ne, kuma na ga samari da yawa sun jefi mutane da kalmar da ta fi ƙarfinsu a kan abin da bai kai wannan ba. Ka je ofishinsa cikin ladabi ka roƙi ya haɗa muku da littafin A'azami. A jarrabawa ka rubuta "Shakht ya ce", ka kawo maganarsa daidai ba ƙari ba ragi, sannan ka biyo da raddi. Hakaito magana ba ɗaukarta ba ne.

Ka koma zaure daren yau. Ka gaya wa malaminka na zaure abin da ya same ka ba tare da jin kunya ba, ka roƙe shi ya karantar da kai Nukhbatul Fikar ta Ibnu Hajar kan ƙa'idojin ilimin hadisi, 'yar ƙarama ce. Kafin ka sauke ta, ka taƙaita a kan shafukan da jarrabawa ta wajabta maka, kuma kada ka riƙa karanta su kai kaɗai da tsakar dare.

Wallahu a'alam.