Amsar Baffa: Roƙon Dattawa ko Kotun Ma'aikata?

Ɗana, saƙonka ya iso. Ka ce ma'aikatarku ta tarayya ta ba ka takardar tuhuma, ana kuma rade-radin kora, amma 'yan'uwa na cewa a al'adarmu ba a kai mai ci da kai ƙara, sai dai a tura dattawa su ba da haƙuri. Kana tambaya ko wannan ya isa.

Tura dattawa abu ne mai kyau, ban hana ba. Sai dai al'adar ta zamanin da hukunci ke bakin mutum ɗaya ce, ya yi fushi ya huce. Aikin gwamnati kuwa fayil ne, abin da ba ya cikinsa kamar bai faru ba. Don haka dattawa su je, kai kuma ka rubuta amsarka cikin awa 72 da dokokin aikin gwamnati suka saba bayarwa. Ka amsa kowane zargi ɗaya bayan ɗaya, ka sa a buga maka hatimin karɓa a kwafinka. Kada ka rubuta "na tuba, a yafe mini" a kan laifin da ba ka yi ba. Gobe lauyan gwamnati zai ɗaga wannan takardar ya ce ka amsa laifi.

In har an kai ga kora, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa za ka nufa, domin tun gyaran tsarin mulki na 2010 sashe na 254C ya damƙa mata shari'ar aiki ita kaɗai. Tana zama a Kano da Kaduna da wasu garuruwa. Alƙali ba ya tambayar ko kai mutumin kirki ne. Yana duba ko an bi ƙa'ida: an gaya maka laifinka a rubuce? An nuna maka takardun da aka kafa hujja da su? An bar ka ka yi wa shaidu tambayoyi? Wanda ya zarge ka ya zauna a kwamitin ladabtarwa? In ya zauna, an taka sashe na 36 na tsarin mulki, wanda ya ba kowa haƙƙin a saurare shi cikin adalci. Sannan wa ya sa hannu? Babban sakatare na iya korar mai matakin albashi na 6 zuwa ƙasa ne kawai. Sama da haka sai Hukumar Kula da Ma'aikatan Tarayya. A nan gwamnati kan faɗi, kuma tun shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985, wanda doka ta tsare aikinsa, in an kore shi ba bisa ƙa'ida ba, ana mayar da shi kujerarsa, yawanci har da albashinsa na baya.

Inda mutanenmu ke asara shi ne lokaci. Dokar kare jami'an gwamnati ta ba da wata 3 na shigar da ƙara daga ranar da aka yi korar. Kotun Ƙoli ta yanke hukunce-hukunce masu saɓani kan ko wa'adin ya shafi shari'ar aiki, to kada ka jingina da sa'a. "Ana duba maganarka" ba ya tsayar da ƙirgen kwanaki. Wasu hukumomi ma dokarsu ta ce sai an ba su sanarwar wata guda kafin a shigar da ƙara, ka ga lokacin ya ƙara tsukewa.

Ka haɗa takardar ɗaukarka aiki, ta tabbatarwa, ta ƙarin girma na ƙarshe da takardun albashi, ka kai wa lauya a makon nan.