Tambaya Da Amsa: Fim Mai Haɗa Gaskiya Da Ƙirƙira

Tambaya: Malam, ina so in ɗauki fim a kasuwar Marwa, ɗan wasa ɗaya cikin 'yan kasuwa na gaske. Yaya zan yi? Mai karatu daga Garwa.

Amsa: Ɗan'uwa, Mahamat-Saleh Haroun, mai shirya fim ɗan ƙasar Chadi, ya yi irin wannan a fim ɗinsa Bye Bye Africa, 1999, a Injamena. Ka fara neman izinin kowa, a rubuce. Ka yi kwana biyu kana zagayawa da kyamara ba ka ɗauka, har su daina kallonta. Kada ka ba 'yan kasuwa rubutaccen zance, muryarsu za ta sandare. Ɗan wasan kaɗai ya san labarin. Ka maƙala masa ƙaramin makirufo a wuyan riga, don ƙarar babura tana cinye magana.