Tambaya da Amsa: Kyamarar danja ba ta jin magiya

Jama'a, assalamu alaikum. Wasiƙun wannan wata kusan bakinsu ɗaya, duk a kan kyamarar nan da ake kafawa a saman danja, wadda ke ɗaukar hoton mota ta aiko wa mutum takardar tara har gida. Na zaɓi biyar. Ni dai ba lauya ba ne. Tsohon direban tasi ne da ya yi shekara 19 yana zaga titunan New York, kuma aljihuna ya ɗanɗana abin da zan faɗa.

Malam, ni ma'aikaciyar jinya ce a Bronx, cikin birnin New York. Ƙanin maigidana ya ari motata, bayan kwanaki sai ga takarda da sunana, wai motar ta tsallake jar danja, in biya dala 50. Ni kuwa ina wurin aiki a lokacin. Maigida ya ce in share kawai. In share ɗin? Kuma zai taɓa lasina?

Hajiya, a gaishe min da maigida, amma a wannan karon a yi masa kunnen uwar shegu cikin ladabi. A birnin New York kyamara ba direba take nema ba, mota take nema. Lamba take karantawa, a duba rajista, a aika wa mai sunan. Dokar jihar ma cewa ta yi a yi iya ƙoƙari kada hoton ya nuna fuskar wanda ke ciki. Saboda haka "ba ni na tuƙa ba" gaskiya ce, sai dai ba ta fid da ke, tunda da hannunki kika miƙa makulli.

Kwantar da hankalinki game da lasin. Tarar kyamara a nan dala 50 ce, ba maki (alamar laifi da ake rubuta wa direba a lasinsa), kuma ba a kai wa kamfanin inshora labari. Da ɗan sanda ne ya tsayar da ƙanin naku ya rubuta masa da hannu, da maki 3 ne a lasinsa, kuɗin kuma ya fi haka nesa ba kusa ba. (Masu lasin tasi su lura, hukumarsu tana da nata dokoki daban.)

Inda ake faɗawa rami shi ne sharewa. Kwana 30 ne da ke, ko ki biya ko ki ce ba ki yarda ba. Suka wuce, a ɗora dala 25. Aka ci gaba da jin shiru, a yanke hukunci ba ki nan, kuɗin ruwa ya fara hawa. Ranar da bashin da aka yanke miki hukunci a kansa ya kai dala 350, kina iya fitowa da asuba za ki tafi aiki ki tarar an sa wa taya takalmin ƙarfe, ko kuma janwe ta riga ki zuwa.

Kafin ki yanke shawara, ki buɗe hoton. A jikin takardar akwai lambobin da za ki shiga da su ta intanet ki kalli bidiyon. Bari in ba ki nawa. Wata shekara irin wannan ambulan ta zo mini a kan motar gida, na dinga kumfar baki a falo ina rantsuwa yalo ce na wuce, zalunci ne kawai. Uwargida ta jawo kwamfuta ta ajiye a teburin cin abinci. Hoton farko, ga motata tayoyin gaba ba su kai farin layi ba, ga danja can sama ja wur. Hoto na biyu, ga ni ɗare-ɗare a tsakiyar mararraba. Ba ta ce mini uffan ba. Bidiyon kawai ta sake dannawa, ta kuma dannawa, har yara suka taru. A daren na biya.

Hotunan nan biyu su ne shari'ar baki ɗaya. Abin da ake kamawa shi ne ƙetare layin tsayawa bayan ja ta kama. Wanda ya shiga da kore ko yalo, ja ta same shi a tsakiya, bai yi wannan laifin ba. Idan hoton farko ya nuna motar ta riga ta haye layi, kina da magana. Haka idan lambar ba taki ba ce, ko launin motar da ƙirarta sun saɓa, ko kin sayar da ita kafin ranar, ko an sace ta kuma kin riga kin kai rahoto wurin 'yan sanda, ko danjar ta lalace, ko ɗan sanda ne ya ɗaga hannu ya ce a wuce. Kowace daga ciki sai da takarda ko hoto. Ana shigar da ƙorafi a sashen kuɗi na birnin, ta intanet, ko ta manhajar NYC Pay or Dispute, ko ta wasiƙa, ko mutum ya je da ƙafarsa. Kada ki biya sannan ki zo da gardama, biya tamkar amsa laifi ne. Idan alƙali bai ba ki gaskiya ba, akwai wasu kwana 30 na ɗaukaka ƙara.

Abin da alƙalin ba ya saurare kuwa: ina sauri, na makara, na bi motar gabana, ba kowa a hanya. Akwai kuma wanda ke cin baƙi da yawa. A mafi yawan Amurka ana iya tsayawa a jar danja sannan a karya dama, amma a cikin birnin New York haramun ne sai inda allo ya ba da izini.

Idan bidiyo ya nuna ja ce, ki biya, ki kira ƙanin maigida ya kawo dala 50 ɗinki. Doka ta ba ki damar bin sa kuɗin, amma ba na fatan in ji an maka ƙanin miji a kotu kan abin da bai kai cefanen mako ba.

Yaya, ni ɗalibi ne a Manchester. Wata 14 ke nan da na ci jarrabawar tuƙi, kuma ina da maki 3 na gudu. Yanzu ga takardar danja ta zo ana tambayar wa ke tuƙi. Wani abokina da zai koma gida wata mai zuwa ya ce in sa sunansa. Me ka gani?

Ƙanena, kul! Na san abin da ke firgita ka. A Ingila tsallake danja fam 100 ne da maki 3, kuma sabon direban da ya tara maki 6 cikin shekara biyun farko ana soke lasinsa, ya koma ya sake jarrabawar rubutu da ta hanya. Abin da ciwo. Amma abin da abokinka ke tallata maka gudun gara ne a faɗa gidan zago.

Chris Huhne ya taɓa zama minista sukutum a gwamnatin Birtaniya, daga 2010 zuwa 2012. A 2003 kyamarar gudu ta kama motarsa, matarsa Vicky Pryce ta karɓi makin a madadinsa. Aure ya mutu, magana ta fito. A 2013 kotu ta ɗaure kowannensu wata 8. Shekara takwas ƙaryar tana kwance kafin ta tashi. Kai da ke zaune da bizar karatu, lissafa abin da ɗauri zai yi maka.

Cika takardar da sunanka ka mayar cikin kwana 28. Ƙin mayarwa laifi ne mai zaman kansa, maki 6 da tarar da ke iya kaiwa fam 1,000. Sannan ka duba kwanan wata: doka ta ce sanarwar farko ta isa ga mai rajistar mota cikin kwana 14 da faruwar abin. Idan ta makara, kuma ba don ka sauya gida ba ka sanar ba ne, wannan hujja ce da lauya zai iya tsayawa a kanta. Ka nemi a nuna maka hoton. Wani lokaci 'yan sanda kan ba da zaɓin zuwa kwas a maimakon maki. In aka ba ka, karɓa hannu bibbiyu. Zuwa kotu hakkinka ne, amma wanda ya je ya faɗi yana iya biyan har fam 1,000 ban da kuɗin shari'a.

Malam, mu daina yaudarar kai. Ni ina Chicago, nan dala 100 ake karɓa. Wannan ba hanyar tatsar talaka ba ce kawai?

Alhaji, mutumin Chicago yana da dalilin yin wannan zargi. A garinku ne aka ɗaure wani babban jami'in sufuri, John Bills, shekara 10 a 2016, saboda cin hanci daga kamfanin Redflex da ke da kwangilar kyamarorin. Jihar Texas kuwa a 2019 ta yi dokar hana su. Kuma ni ma ina ganin duk inda kuɗin shigar hukuma ya dogara da yawan masu laifi, dole a sa ido.

Wurin sa idon shi ne yalo. Ƙa'idar tarayya ta ce ta ɗauki daƙiƙa 3 zuwa 6, gwargwadon gudun titi. A rage mata ɗan ƙiris, sai ka ga masu laifi sun yawaita ba tare da halin kowa ya canja ba. Akwai wani ɗan asalin Suwidin, Mats Järlström, a garin Beaverton na jihar Oregon. A 2013 kyamara ta kama matarsa tana karya kwana. Bawan Allah ya zauna da biro da takarda, ya nuna cewa lissafin da ake auna yalo da shi tun 1960 bai yi la'akari da direban da ke rage gudu don ya juya ba. Maimakon godiya, hukumar injiniyoyin jihar ta ci shi tarar dala 500, wai ya kira kansa injiniya ba lasisi. Ya kai ƙara, ya yi nasara a 2018, a 2020 kuma ƙungiyar injiniyoyin sufuri ta gyara ƙa'idarta ta shigar da lissafinsa.

Sai dai ba zan bi ka har ƙarshe ba. Wani bincike na hukumar manyan hanyoyin Amurka a 2005 ya gano cewa inda aka sa kyamara, karon da ake yi wa mota ta gefe ya ragu da kusan kashi 25 cikin 100, bugun baya kuma ya ƙaru da kusan kashi 15, saboda masu taka birki farat ɗaya. Na ga iri biyun da idona. Bugun baya yawanci bamba ce da ciwon wuya da musayar lambar inshora. Na gefe, tsakanin mutum da hancin ɗaya motar ƙofa ce kawai.

Ni direban gida ne a Jidda. Sahir, wato kyamarar hanya ta Saudiyya, ta kama motar kafilina, maigidan da nake wa aiki, a ishara (danja) ranar da ɗansa ne ya fita da ita, amma mukalafar, wato tarar, ta hau kan igamata, katina na izinin zama.

Malam, Allah ya kawo sauƙi, domin ta Saudiyya ba wasa ba ce: riyal 3,000 zuwa 6,000. Ta hau kanka ne saboda kai aka yi wa tafwidi, wato sunanka ne a rajista a matsayin mai tuƙa motar. Kana da kwana 30 ka shigar da ƙorafi ta Abshir, manhajar gwamnati ta intanet, ka rubuta dalilinka. Amma kafin nan ka samu kafilin naka a natse, da ranar da sa'ar a rubuce, domin shi ya fi kowa sanin wa ya ɗauki makulli. Kada ka bar ta kwance. Tarar hanya da ba a biya ba tana tare wa mutum bizar fita, kuma ba ka son ka gano haka ana saura kwana uku jirginka ya tashi.

Alhaji, ina kasuwanci a Mile 12, Legas. Bara na sayar da motata ta hannun dillali. Yanzu saƙo ya shigo wayata wai na karya danja a Ikeja, in biya naira 20,000. Ni rabona da motar wata tara.

Alhaji, kuɗin dai ya yi daidai da abin da gwamnatin Legas ta sanar. A Fabrairun 2025 kwamishinan sufuri Oluwaseun Osiyemi ya ce an kafa kyamarori, ciki har da mahaɗar Allen Avenue a Ikeja, karya danja naira 20,000, gudun wuce sa'a naira 50,000, kuma ta saƙon waya ake sanar da mutum. Duk da haka kada ka yi saurin danna adireshin da ke cikin saƙo ka zuba lambar katinka, 'yan damfara ma sun iya rubuta irinsa. Ka je ofishin VIS, hukumar duba lafiyar motoci, da kanka ka ce a nuna maka hoton.

Na tabbata abin da ya faru shi ne irin cinikinmu na gida: an karɓi kuɗi, an miƙa makulli da takardu, an yi musabaha, an ce Allah ya sa alheri, ba wanda ya je ya yi canjin mallaka. A wurin kwamfuta motar taka ce har gobe. Ka tafi da yarjejeniyar ciniki, da shaidar shigar kuɗi ta banki, da dillalin in zai yiwu. Naira 20,000 ita ce ƙaramar damuwarka. Idan aka buge mutum da motar nan aka gudu, ko aka ɗauko abin da bai kamata ba a cikinta, lambar wayar da ta karɓi wannan saƙo ita za a fara kira. Ka sa dillalin ya nemo maka mai sayen a cikin makon nan, ku je tare a cire sunanka.