Haikali, Soro da Mafarki: Amsoshin Tambayoyin Masu Karatu

Wata ɗaliba daga Samaru tana rubuta ƙagaggen labari. A ciki ta ƙirƙiro wata al'umma mai addinin da babu shi a duniya: duk inda babbansu ya yi mafarki, nan suke gina ɗakin bauta, su kwana a ciki har a nuna musu inda za su yi gini na gaba. Tana tambaya ko "haikali" ya dace da ginin.

'Yata, haikali ya yi, sai dai kalma ce mai nauyi, ki san abin da kika ɗauka. Daga Larabci ta shigo mana, kuma Hausawa Kiristoci irin na Wusasa sun fi kowa sabawa da ita, domin da ita ake kiran ginin Annabi Sulaimanu a Littafi Mai Tsarki. Larabawan ma aro suka yi. Masana suna mayar da asalinta ga mutanen Sumer na ƙasar Iraki ta yanzu, waɗanda ke cewa *e-gal*, wato babban gida.

Addinin da kika ƙirƙira kuwa yana da 'yan'uwa a tarihi. A can Sumer ɗin, wajen shekara 2100 kafin haihuwar Annabi Isa, an yi wani mai mulkin birnin Lagash da ake kira Gudea. Ya yi mafarki an umarce shi da ya gina wa abin bautarsu Ningirsu gida, bai gane mafarkin ba sai da ya je neman fassara, daga baya ya sake kwanciya don a ƙara masa bayani. An rubuta labarin a jikin wasu mulmulallun yumɓu guda biyu, suna nan ajiye a gidan tarihi na Louvre a Faris. Mutanen Girka na dā su ma suna da wurin bauta a Epidaurus inda marasa lafiya ke kwana suna jiran a faɗa musu magani cikin barci. A zamaninmu ma an yi. Wani mutumin Italiya, Oberto Airaudi, ya kafa al'ummar Damanhur a 1975, ya ce tun yana yaro ake nuna masa wasu gine-gine. Daga 1978 shi da mabiyansa suka shiga haƙa ɗakunan bauta a cikin dutse, arewa da birnin Turin, a ɓoye, har sai da hukuma ta gano su a 1992.

To amma in mutanen labarinki da Hausa suke tunani, haikali baƙo ne a bakinsu. Kakanninmu kafin Musulunci ba su damu da gina wa abin bauta katafaren gini ba. Dutse suke zuwa, ko gindin bishiya, ko rijiya. Tarihin Kano ya nuna cewa wurin Tsumburbura bishiya ce da aka kewaye da katanga, ba mai shiga sai Barbushe. Mu nan Zazzau, dutsen Kufena ya ishe mu misali. Sunan irin wannan wuri matsafa, amma matsafa tana ɗauke da jini da yanka, mutanenki kuwa magina ne. Saboda haka ni da zan zaɓa miki, da bakin magina zan je, in ce soron mafarki. Ki shiga cikin birnin Zariya ki duba abin da ya rage na tsohon Masallacin Juma'a, wanda Babban Gwani ya gina zamanin Sarki Abdulkarimu, ki ɗaga kai ki ga yadda bakunan ginin suka tashi daga ginshiƙai suka haɗu a sama, da ƙasa da azara kawai aka yi su. Daga nan ki samu tsohon magini ya koya miki tubali da makuba da zanko da ɗaurin guga. Da waɗannan kalmomi mai karatu zai ji ƙanshin jiƙaƙƙiyar ƙasa a labarinki. Abu guda, kada ki kuskura ki kira shi masallaci. Masallaci wurin salla ne, ba sunan kowane wurin bauta ba.

Wani daga Tudun Wada: shin "makwanci" zai iya zama sunan ɗakin da ake kwana don neman mafarki?

A'a, Malam. Da ka ce makwanci, kabari Bahaushe zai fara tunawa, shi ya sa muke cewa Allah Ya haskaka makwancinsa.

Wani malamin firamare a Sabon Gari ya ce ɗalibansa na rubuta "mafarkina shi ne in zama likita". Yana so ya san ko ya gyara musu.

Gyara musu, Malam, Allah Ya ba ka lada. Wannan abu ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya. Abin da yaro ke fatan ya zama buri ne. Mafarki kuwa abin da mutum ke gani ne yana barci, ba shi ya kira shi ba, ba shi zai sallame shi ba. Buri ana tashi a nema, mafarki sai dai a wayi gari a nemi mai fassara. In Bahaushe ya ce maka "mafarki kake yi", ba yabonka ya yi ba, yana nufin abin da kake hange ba zai yiwu ba. In ya ce "ko a mafarki", ya rufe ƙofa ke nan. To ta yaya ɗan takara zai hau mumbari ya ce mafarkinsa ya kawo mana ruwan famfo? Turanci ya fassara bai sani ba, kuma 'yan rediyo da masu rubutu a Facebook sun taya shi yaɗawa. Ga kuma abin da ake mantawa: a bakin manya, "yaro ya fara mafarki" sakayawa ce ta balaga. Kalma mai irin wannan lulluɓi ba a wurga ta ko'ina.

Malamanmu na zaure ma sun bambance ru'uya, wato mafarkin alheri, da ruɗanin barci wanda ake tofi a hagu a nemi tsari daga gare shi. Wanda ya yi istihara zaɓin Allah yake nema, ko da mafarki ko babu. Duk wannan tsari yana hannunmu, yaro ya cancanci a koya masa shi tun yana aji uku.

Wata uwa daga Kwarbai: dannau mafarki ne?

Ba a cewa an yi dannau, Hajiya, cewa ake ya danne mutum. Ido biyu ne, jiki ya ƙi motsi.

Wani ɗalibi daga Kongo ta nan Zariya yana neman ma'anar "tsafi gaskiyar mai shi", yana jin kamar karin maganar na halatta tsafi.

Ɗana, ba ta halatta komai ba. Lura ce da halin ɗan Adam: abin da mutum ya sakankance da shi, shi yake yi wa wahala, ko da na gefe na ganin shirme ne. Kalmar da ke riƙe da maganar ita ce "mai shi", ta tsare gaskiyar a hannun mutum guda, ba ta ba kowa ba. Mutanen da suka shekara goma sha huɗu suna fasa dutse a ɓoye a Italiya sun isa misali. Kuma "mai shi" ake cewa, ba "mai yi" ba kamar yadda na ji wasu matasa na faɗa.